Maganin Wata Shida Ba A Shansa Wata Biyu

A cikin cututtukan da ke kai mutane kushewa a ƙasar Bagudo akwai wata wadda tun tuni aka san mafarinta, aka san maganinta, maganin nan kuwa kyauta a ke ba da shi, amma har yanzu ba ta daina kisa ba. Ita ce tarin fuka, wadda waɗansu ke kira tarin tibi. Da a ce cuta ce wadda ta gagari likitoci, da sai a yi haƙuri a zuba wa sarautar Allah ido. To, ba ta gagare su ba. Abin da ya gagara shi ne halin mutane iri uku: mai ɓoye tarinsa, da mai sayar wa maras lafiya maganin banza a kasuwa, da mai fara shan maganin gaskiya ya yar da shi a tsakiyar hanya. Na ukun nan ya fi sauran ɓarna, kuma a bakin iyaka irin ta Bagudo ya fi samun wurin sakewa.

Mafarin cutar

Akwai masu cewa tarin fuka sammu ne, akwai masu cewa gadon gida ne, akwai kuma masu ɗora laifin a kan sanyin kogi ko ƙurar hunturu. Duk maganganun nan an daɗe da rushe su. Ran 24 ga watan Maris na 1882 wani likita Bajamushe mai suna Robert Koch ya tsaya gaban likitocin birnin Balin ya nuna musu ƙwayar da ke kawo cutar. Wata 'yar halitta ce mai kamar sanda, ido ba ya ganinta sai da madubin likita. Saboda tunawa da wannan rana ne duniya ta keɓe 24 ga Maris ta kowace shekara don yaƙi da tarin fuka.

Ƙwayar nan a huhu ta fi zama, a iska kuma ta ke tafiya. Sa'ad da mai cutar ya yi tari, ko atishawa, ko ya ɗaga murya, sai ƙwayoyin su fito cikin ɗan tururin bakinsa, su yi ta shawagi a ɗaki har sa'o'i, wanda ke kusa ya shaƙa. Ɗaki mai duhu wanda ba taga shi ne gidansu. Hasken rana yana kashe su, iska mai ratsawa tana kore su. Musafaha ba ta ɗauke su, haka cin tuwo a akushi ɗaya. Saboda haka masu ware wa maras lafiya ƙwaryarsa da ludayinsa, sa'an nan su kwana da shi su shida a ɗaki ɗaya a rufe, sun tsare ƙofar da ɓarawo ba ya bi, sun bar masa wadda ya saba.

Wannan shi ne kuma asirin abin da a ke kira gado. In kaka ya mutu da tari, uba ya bi shi, ɗa ya soma, ba jini ne ya kai cutar ba. Ɗaki ɗaya suka kwana, iska ɗaya suka shaƙa.

Akwai wata 'yar'uwar ƙwayar nan da ke kama shanu, ta kan shiga mutum ta madarar da ba a tafasa ba. Ƙasar Ka'oje ƙasar kiwo ce, don haka wannan magana ta shafe ta ƙwarai. Maganin abin ba wuya, a tafasa madara kafin a sha ko a kafa ta.

Ba duk wanda ya shaƙi ƙwayar ke kwanciya ba. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta kusan mutum ɗaya cikin huɗu na mutanen duniya ya taɓa shaƙarta. A jikin yawancinsu ƙarfin jiki ya kan tsare ta, ta kwanta kamar garwashi a cikin toka, ba ta cutar da su, ba su kuwa ba wa kowa. Cikin ɗari, biyar zuwa goma ne ta kan tashi a jikinsu. Abin da ke hura garwashin shi ne yunwa, da tsufa, da ciwon sukari, da shan taba, da giya, da ƙanjamau. Shi ya sa a ke gwada jinin mai tarin fuka a ga ko akwai ƙanjamau tare. Gwajin nan ba zargi ba ne, don kuwa mafi yawan masu tarin fuka a Nijeriya ba su da ƙanjamau.

Mai ɓoyewa

Alamun cutar ba ɓoyayyu ba ne. Tari ne wanda ya kai mako biyu bai tafi ba, da masassara mai zuwa da maraice, da zufa mai jiƙa tabarma da dare ko da sanyi a ke yi, da ramewa, da rashin son abinci, da ciwon ƙirji. Wani lokaci a ga jini a cikin kaki, amma mai jiran ya ga jini kafin ya tafi asibiti ya makara ƙwarai. Yaro kuwa sau da yawa ba ya tari sosai, sai a ga ya daina ƙiba, ya daina wasa, ko ƙululu ya fito masa a wuya. Cutar ta kan bar huhu ta kama ƙashin baya har ta sa ƙusumbi, ko ta hau ƙwaƙwalwa.

To, me ke sa mutum ya ga alamun nan ya yi shiru? Kunya ce da tsoro. Magidanci na tsoron a daina sayen hatsinsa, budurwa na tsoron a fasa aurenta, matar aure na tsoron a ce ta tafi gidansu ta yi jinya, tafiyar da ba a cika dawowa ba. Tsoron nan yana da dalili, kuma laifinsa na wuyan jama'ar da ke gudun maras lafiya. Amma a duba abin da ɓoyon ke haifarwa. Duk watan da mai tari ya yi yana rufe bakinsa ga likita, yana buɗe huhunsa ga matarsa da 'ya'yansa. In kuwa aka bar cutar ba magani, kusan rabin masu ita mutuwa su ke yi. Ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Wanda ya ɓoye tari wata shida, ramarsa za ta tona shi a na bakwai, sa'ad da ya riga ya raba wa gidansa.

Gwajin kuwa ba abin tsoro ba ne. Kaki a ke tofawa a 'yar roba a miƙa. A da sai an shafa shi a gilashi an duba da madubi. Tun 2010 Hukumar Lafiya ta Duniya ta amince da wata na'ura mai suna GeneXpert, wadda cikin kamar sa'a biyu ta ke faɗin ko akwai ƙwayar, ta kuma faɗi ko irin mai taurin kai ce. Inda babu na'urar, a kan aika da kakin inda ta ke. Gwajin kaki da magani duka kyauta ne a ƙarƙashin shirin Gwamnatin Tarayya na yaƙi da tarin fuka da kuturta, wanda ke da makarantar horar da ma'aikata a Saye, kusa da Zariya.

Mai tallar magani

Na biyu shi ne mai faranti a ka, ko mai baza koli ranar kasuwa, wanda ke ƙulla ƙwaya ja da fari da rawaya a leda ya ce wannan na tari ne. Bai gwada kakin kowa ba, bai auna nauyin kowa ba, wani ma ba ya iya karanta rubutun da ke jikin kwalin. Ruwan maganin tari na kwalba ya kan lafa wa maƙogwaro na dare ɗaya, amma ba ya taɓa ƙwayar da ke cin huhu. Haka jiƙo da turare da tsimi. Mutum ya sayar da akuya, ya sayar da buhun shinkafa, ya bi kasuwa uku da boka biyu, sa'an nan a ɗauko shi a kwance a kai shi inda tun farko za a ba shi magani ba ko kwabo. Wani mai tallar ma ya fi haka ɓarna, don ya kan sami ɗaya daga cikin magungunan tarin fuka na gaskiya ya sayar da na kwana biyar. Illar wannan za ta bayyana nan gaba kaɗan.

Mai yar da magani

Ga yadda maganin ya ke. Wata biyu na farko a kan sha magani huɗu a haɗe cikin ƙwaya ɗaya, sunayensu rifamfisin, da isoniyazid, da firazinamid, da etambutol. Wata huɗu na baya a ci gaba da biyu na farkon. Kowace safiya a ke sha, kafin a karya kumallo, kuma yawan ƙwayoyin bisa nauyin mutum ne. Jimla wata shida. Rifamfisin ya kan mai da fitsari ja kamar ruwan goro, wannan ba kome ba ne. Amma in ido ya yi rawaya, ko amai ya ƙi tsayawa, ko gani ya soma dushewa, sai a koma wurin malamin asibiti a ranar, shi zai san abin yi.

Ba a sami magungunan nan a banza ba. Kafin 1943, shekarar da aka gano sitiraftomaisin a Amurka, yawancin abin da likitocin Turai ke yi wa mai tarin fuka shi ne su kai shi kan dutse ya sha iska, ya ci abinci mai kyau, ya jira hukuncin Allah. A 1952 aka soma aiki da isoniyazid, rifamfisin ya biyo baya bayan 1960. A birnin Madaras na ƙasar Indiya aka buɗe wata cibiyar bincike a 1956, ta kuwa nuna cewa talaka mai shan maganinsa a gida yana warkewa daidai da wanda aka kwantar a asibiti, in dai ya sha shi yadda aka ce. Watau tun shekarun nan aka san ba gado ko bene ke warkarwa ba. Cika wa'adi ke warkarwa.

To, a nan ne gizo ke saƙa. Maganin yana da ƙarfi, har bayan 'yan makonni masassara ta sauka, tari ya lafa, cin abinci ya dawo, haɗarin ba wa wani cutar ya ragu ƙwarai. Kafin wata biyu mutum ya ji shi garau. Sai zuciya ta ce masa, ai ka warke, me ya rage? Alhali kuwa bai warke ba. Ƙwayar tarin fuka tana da kauri a fata kamar an shafe ta da kakin zuma, ga ta da nawa. Waɗansu ƙwayoyin cuta su kan rabu biyu cikin ƙasa da sa'a guda, ita kuwa sai ta yi sa'a 15 zuwa 20. Masu gaggawar cikinsu su ne ke mutuwa a makonnin farko. Saura suna laɓe cikin lungunan huhu kamar masu barci, kuma don su ne aka sa wata huɗun nan na baya. Wanda ya tsaya a wata biyu ya kashe maciji bai sare kansa ba.

Manomi ya fi kowa gane wannan. In ya yi noman farko ya ga gona ta yi fes, ya rataye fartanya ya ƙi maimai, ya san abin da zai tarar da kaka. Amma ciyawar huhu ta fi ta gona sharri. A cikin miliyoyin ƙwayoyin da ke ƙirjin mutum ɗaya, akwai 'yan kaɗan waɗanda magani ɗaya ba ya kashewa. Dalilin haɗa huɗu ke nan, wadda ta tsere wa wannan, wancan ya kama ta. In aka sha magani ɗaya tak irin na mai talla, ko aka sha yau aka bari gobe, sai raunana su mutu, masu taurin kai su sami fili su hayayyafa. Ran da tarin ya dawo, maganin da ya yi aiki jiya ba zai yi ba. Wanda kuma ya shaƙa daga wannan mutum, mai taurin kan zai ɗauka tun farko, ko da bai taɓa wasa da magani ba.

Shekaru da yawa maganin irin wannan tari wata 18 ne zuwa 24, da allura kullum ta watanni, allurar da ta kurmantar da mutane da dama. A 2022 Hukumar Lafiya ta Duniya ta amince da wani sabon haɗi na wata shida wanda ba allura. An sami sauƙi, amma har yanzu magani ne mai tsada ga gwamnati, mai bukatar sa ido, ba kuwa a kowane ƙauye a ke fara shi ba. A 2023 mutum kimanin 400,000 ne suka kamu da tari mai taurin kai a duniya, biyu cikin biyar kaɗai suka sami magani.

Iyaka

A 1898 Ingila da Faransa suka zauna a Faris suka raba ƙasar Bargu da bakin Kwara a kan takarda. Illo ta faɗo wa Ingilishi, Nikki ta faɗa wa Faransi. Ƙasar da ke hayin ita ce Dahome, wadda ta koma Benin a 1975. Takardar ta raba hukuma, amma ba ta raba dangi ba. Dandawa da Kyangawa da Busawa da Fulani da Hausawa suna nan ta kowane gefe, suna auratayya, suna cin kasuwa ɗaya. Mutumin Lolo na shiga Madikali ya wuce Malanbil, na Tsamiya na zuwa Segbana, makiyayi na bin ciyawa da rani ya yi kudu, masunci na bin kifi. A Agustan 2019 Nijeriya ta rufe iyakokinta na tudu fiye da shekara guda. Ƙofa a ke rufe wa mota, amma ba a taɓa jin jami'in da ya tsai da tari ya tambaye shi takarda ba.

A ɗauki misalin ɗan kasuwa wanda ya fara magani a Bagudo bayan girbi. Ya sha wata biyu, ya ji ƙarfi, ya haye gadar Tuga ya wuce hayi neman kuɗi, katinsa na asibiti yana ƙarƙashin tabarma a gida. Malamin da ke ba shi magani ya jira, ya aika, a ƙarshe ya rubuta a littafi cewa ya ɓace. Da damina tari ya dawo masa a can. Ya shiga asibitin Benin, kunya ta hana shi cewa ya taɓa farawa, aka rubuta shi sabo. Littafi biyu, ƙasa biyu, huhu ɗaya, ba wanda ya san tarihinsa sai ƙwayar da ke ciki, ita kuwa kullum ƙara wayo ta ke yi.

Gaskiya ne mai yar da magani yana da abin faɗi. Zai ce maganin na sa yunwa, gida kuwa ba hatsi. Zai ce kuɗin babur zuwa asibiti ya fi ƙarfinsa, da damina kuma ruwa ya kan yanke hanya. Makiyayi zai ce shanu ba su san wata shida ba. Duk wannan ba ƙarya ba ne, kuma wanda bai taɓa kwana da yunwa ba kada ya yi masa dariya. Amma a auna. Wata huɗun da ya ga sun yi masa tsawo, su ne za su koma jinyar shekara, da sayar da shanun da ya ƙi bari, watakila da marayu. Kuma akwai hanya wadda ba ta hana shi tafiya. Ya je ya gaya wa malamin asibiti kafin ya tashi. Akwai takardar da a ke rubuta wa mai sauya wuri, akwai kuma yadda a ke shirya wa mutum maganinsa tare da wani amintacce mai lura da shi. Benin ma tana da shirinta na yaƙi da tarin fuka, magungunan kuwa iri ɗaya ne. In ya isa can, ya nuna katinsa, ya faɗi ranar da ya fara.

Hukuma ma tana da nata kason. A 2023 an ƙiyasta mutum kusan rabin miliyan ne suka kamu da tarin fuka a Nijeriya, ƙasar da ta fi kowace yawan masu shi a Afirka, waɗanda aka gano aka rubuta kuwa sun ɗara 360,000. Sauran suna gidajensu suna tari, kuma ba a tsakiyar Birnin Kebbi a ke fi rasa su ba, sai a rugage da tungayen bakin ruwa. Ya wajaba ma'aikatan lafiya na Bagudo da na Segbana da Malanbil su san juna, su riƙa sanar da juna in maras lafiya ya haye. Ya wajaba a yi kati wanda mai Ingilishi da mai Faransanci duka za su karanta, a kuma kai gwajin kaki kasuwannin iyaka ranar da su ke ci. Abin da 'yan kasuwar ƙasashen biyu ke yi kullum a kan albasa da shinkafa bai kamata ya gagari hukuma a kan ran mutum ba.

Aikin wanda ya iya karatu

Wanda ya fita ajin yaƙi da jahilci yana da makamin da maƙwabcinsa ba shi da shi. Ya iya karanta kati, ya iya ƙidaya kwana a kalanda. Wata shida kwana 180 ne, ko da 'yan kai. In akwai mai shan magani a gidansa ko a unguwarsa, ya zama shi ne mai tsaya masa, ya ga ya haɗiye kowace safiya, ya sa alama a kati, ya tuna masa ranar komawa gwajin kaki, watau ƙarshen wata na biyu, da na biyar, da na shida. Likita ne kaɗai ke cewa an warke, shi ma sai ya ga kaki ya fita tsab.

Ya sa a kai duk mutanen gidan a duba su, tun ba yara 'yan ƙasa da shekara biyar ba, don akwai maganin tsari da a ke ba wanda ya zauna da mai cutar. Ya sa a kai jariri a yi masa allurar BCG da haihuwa. Tun 1921 a ke yin ta, tana tsare yara daga mugun nau'in da ke hawa ƙwaƙwalwa, ko da ya ke ba ta isa ta tsare babba ba. Ya sa a fasa taga a ɗaki, a shanya shimfiɗa a rana, mai tari ya riƙa rufe bakinsa da ƙyalle. In ya ji ana shirin korar mace don tana tari, ya faɗa wa mijin gaskiya, cewa wadda ke shan magani ta fi wanda ke ɓoye nasa aminci a ɗaki.

In kuwa ya ga wani ya ɗaure kaya zai haye, alhali watanninsa ba su cika ba, ya tare shi tun a zaure ya tambaye shi, "Malam, ina katinka?" In ya ce ai ya warke, a buɗe katin a ƙidaya tare.